Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Mata Likitocinmu Kan Tazarar Haihuwa

Zuwa ga Ƙungiyar Mata Likitoci ta Najeriya, musamman rassanta na jihohin Arewa.

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina yi muku sannu da aiki, sannu da kwanan asibiti, sannu da fama da jama'a. Allah ya ba da lada. Ni ungozomar asibiti ce, na ajiye aiki. Da yawanku a haife na haife ku, amma a karatu ku ne manya, saboda haka da girmamawa nake wannan magana. Da gangan kuma nake yin ta a bainar jama'a, don ina so mazajenmu da malamanmu su ji abin da nake roƙonku.

Maganar tazarar haihuwa a Arewa babu wanda bai tsoma baki a cikinta ba. Malami ya yi a kan mumbari. Ƙungiyoyin ƙasashen waje sun yi a ɗakunan taro na otal, da Turanci, ana raba shayi da cincin. Mai maganin gargajiya ya yi da lasifika a bakin tasha. Samarin da ba su taɓa leƙa ɗakin haihuwa ba suna yi a Facebook da TikTok dare da rana. Muryar da ta fi ƙaranci a fili ita ce taku, alhali ku ne kuke tsaye a kan mace sa'adda jini ya ɓalle, ku ne kuke fitowa ku ce wa dangi a yi haƙuri. Na san kuna faɗa a ɗakin ganin likita, ƙasa-ƙasa, wa wannan ki faɗa wa waccan. Ina ganin lokaci ya yi da za ku ɗaga murya, da Hausa, da sunayenku, kuma ku faɗi duka, har da ɓangaren da ba shi da daɗin ji.

Alƙaluman kun fi ni saninsu. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a 2020 mata kusan 82,000 ne suka rasu a Najeriya ta dalilin ciki da haihuwa, fiye da kashi ɗaya cikin huɗu na duk waɗanda suka rasu ta wannan hanya a duniya a shekarar. Binciken lafiya na ƙasa na 2018 ya nuna cewa a cikin matan aure 100, 12 ne ke amfani da hanyar tazarar haihuwa ta asibiti, wasu 19 kuma suna son hutu ko tsayawa amma ba sa amfani da komai. A Arewa maso Yamma masu amfani kusan rabin wancan 12 ɗin ne. Tun a 1985 Farfesa Kelsey Harrison ya fitar da bincikensa na haihuwa 22,774 a Zariya, inda ya nuna wa duniya waɗanda ajali ya fi kusanta a ɗakin haihuwa: yarinya ƙarama a cikin fari, matar da ta yi haihuwa da yawa, da wadda ba ta zuwa awo. Shekara arba'in ke nan, kuma har yau su ne dai ake kawowa a keke napep da tsakar dare.

A makarantar nas an haddace mana sunan Florence Nightingale. Akwai wata da ba a cika ambata ba, wadda ta riga ku shiga wannan rigima, kuma ina so in daɗe a kanta kaɗan.

Sunanta Aletta Jacobs, 'yar ƙasar Holan, an haife ta a 1854 a wani ƙaramin gari, Sappemeer. Mahaifinta likitan karkara ne mai 'ya'ya da yawa da ƙaramin samu. A zamanin jami'a ta maza ce. Tana da shekara 17 ta rubuta wa Firaminista Thorbecke takarda tana neman izinin karatun likita a Jami'ar Groningen. Ya ba ta shekara guda ta gwaji a 1871, kuma yana gab da rasuwa a 1872 ya amince ta zauna jarrabawa kamar kowa. A 1879 ta karɓi digirin digirgir, ta zama mace ta farko likita a ƙasar. Ta buɗe wajen aikinta a Amsterdam, sannan wani shugaban ƙungiyar ƙwadago ya ba ta ɗaki inda take duba matan talakawa da 'ya'yansu kyauta, sau biyu a mako. Ta yi shekara 14 tana wannan.

A nan ta ga abin da kuke gani. Mace ba ta gama farfaɗowa daga wannan haihuwa ba, wani cikin ya shiga. Likitoci maza na zamanin suna ce wa irin waɗannan mata kada su sake ɗaukar ciki in suna son ransu, amma ba mai gaya musu ta yaya. A sallame ki da gargaɗi, ki koma ɗakin miji, shekara ta zagayo a sake ganinki. Aletta ta ci karo da rubutun wani likita Bajamushe, Wilhelm Mensinga, a kan wata 'yar roba mai kamar murfi da ake auna wa mace ta rufe bakin mahaifa. Ta yi ta musayar wasiƙu da shi, ta gwada da wasu matan da suka yarda, da ta gamsu sai ta fara bayarwa a 1882. Masana tarihi da yawa suna ɗaukar wannan ɗaki nata a matsayin wuri na farko a duniya da mace za ta je a ba ta shawara da kayan tazarar haihuwa a hannun likita.

Ta sha zagi. Abokan aikinta likitoci ne suka fi tsananta mata, aka yi ta yaɗa ƙarya a kan mutuncinta, kasancewar a lokacin ba ta yi aure ba. Abin da ya fi ba ni dariya mai ciwo shi ne abin da ta rubuta daga baya a tarihin rayuwarta: akwai limaman coci da ke la'antar abin a kan mumbari, sannan su turo matansu wajenta a ɓoye, akwai kuma matan manya da ke amfani da abin da ta ba su amma su zage ta a wajen shan shayi. Duk wadda ta yi aiki a sashen tsarin iyali a garin nan ta san wannan mota mai baƙin gilashi da ke tsayawa nesa da ƙofa. Ba sai na ƙara ba.

Ba waliyyiya ba ce, kuma ba ta rayu ita kaɗai a daji ba. Ta san masu aƙidar rage yawan talakawa na zamaninta, mijin da ta aura daga baya ma yana cikin jagororinsu a Holan. Amma in kun duba sauran abin da ta yi za ku gane daga ina take kallon lamarin. Ita ce ta lura 'yan matan da ke tsaron kantuna suna zuwa mata da ciwon mara da na baya saboda tsayuwar sa'o'i goma ko fiye, ta yi ta faɗa shekara da shekaru har aka yi dokar a ba su kujera. Ita ce ta je yin rajistar zaɓe a 1883 aka kore ta, har aka gyara tsarin mulki a 1887 aka rubuta ƙarara cewa zaɓe na maza ne. Ta rayu ta ga an ba mata ƙuri'a a 1919. Ɗanta ɗaya tak ya rasu kwana guda da haihuwa. Daga jikin macen da ke zaune gabanta take fara lissafi, kuma wannan nake so ku gada.

Akwai inda na saɓa da ita, kuma a matsayina na ungozoma ba zan yi shiru ba. A 1915 wata nas Ba'amurkiya, Margaret Sanger, ta je Holan don ta koyi aikin. Aletta ta ƙi karɓarta, a ganinta wannan aikin likita ne kawai. Wani likita namiji, Johannes Rutgers, wanda dama yana horar da ungozomomi su yi wannan awo, shi ya koya mata. Sanger ta koma gida, inda dokar Comstock ta 1873 ta jefa bayanin hana ɗaukar ciki cikin sahun batsa, ta buɗe wajenta a unguwar Brownsville ta New York ranar 16 ga Oktoba 1916. Bai wuce kwana goma ba 'yan sanda suka rufe shi, daga baya aka ɗaure ta kwana 30. Mahaifiyarta ta yi ciki 18, ta haifi 11 da rai, tarin fuka ya kashe ta tana wajen shekara hamsin. Da an bi ra'ayin Aletta, da abin ya tsaya a manyan birane inda likita yake. Mu nan da ƙaramar hukuma guda za ta wayi gari ba likita mace ko ɗaya, ba mu da halin wannan rowa. Gwamnatin tarayya ta amince tun 2014 a horar da ma'aikatan lafiya na matakin farko su yi wasu ayyukan da a da sai likita ko ungozoma, har da sanya ashanar hannu, wato ɗan siririn maganin tazarar haihuwa da ake sa wa mace a ƙarƙashin fatar damtse. Ina roƙonku ku riƙe waɗannan yara da hannu biyu. Ku je ku duba aikinsu, ku gyara musu, ku ɗaga wayarsu in sun kira. Su ne matar ƙauye ke gani.

Amma ku ma akwai abin da sai ku. A Amurka abin bai motsa a doka ba sai da wata likita, Hannah Stone, ta karɓi ragamar asibitin Sanger a 1925. Asibitin da take aiki ya raba gari da ita saboda haka. Ta zauna tana rubuta bayanin kowace mace daki-daki, me aka ba ta, ya yi aiki ko bai yi ba. A 1929 'yan sanda suka kama ta suka kwashe fayilolin marasa lafiya, abin da ya fusata har likitocin da ba sa goyon bayanta, don an taɓa sirrin majinyaci. Wani ƙunshin kaya da aka aiko mata daga Japan, kwastan suka riƙe, shi ya jawo hukuncin kotu na 1936 da ya ba likitoci damar karɓar irin waɗannan kaya, kuma a 1937 ƙungiyar likitocin ƙasar ta yarda cewa wannan ɓangare ne na aikin likita. Gangami ya yi nasa, amma farar riga da rubutaccen fayil su suka buɗe ƙofar.

Yanzu ga ɓangaren da masu shirya taron otal ba sa son a taɓo.

Idan mutumin Kano ko Gusau ya ce muku yana zargin akwai wata manufa a bayan wannan abu, kada ku yi masa kallon jahili. Tarihi ya ba shi hujja, ko da bai san sunayen ba. Sanger ɗin nan da na yaba wa ƙarfin hali ta goyi bayan aƙidar tace iri, wato a hana waɗanda ake ganin ba su cancanta ba haihuwa, har a 2020 reshen New York na ƙungiyar da ta kafa ya cire sunanta daga asibitinsa. Marie Stopes da ta buɗe nata a Landan a 1921 ta fi ta zafi a wannan aƙida. Ƙwayar hana ɗaukar ciki da aka amince da ita a Amurka a 1960, a kan matan talakawa na tsibirin Puerto Rico aka yi babban gwajinta tun daga 1956, da ƙarfin sinadari ninkin-ba-ninkin na wadda kuke rubutawa yau, kuma ba a fayyace musu cewa gwaji ake yi da su ba. Likitar da ke kula da gwajin mace ce, Edris Rice-Wray. Ta rubuta wa masu binciken cewa maganin yana hana ciki sarai, amma kusan kashi 17 cikin 100 na matan suna fama da jiri, tashin zuciya da ciwon kai, kuma illar ta yi yawa. Mazan da ke jagorantar aikin suka yi watsi da maganarta. Mata uku sun rasu a lokacin gwajin, ba a binciki gawarsu ba balle a san dalili.

A wannan tsibiri dai, wani bincike na 1965 ya gano kusan kashi ɗaya cikin uku na iyaye mata masu shekara 20 zuwa 49 an ɗaure musu mahaifa, da yawansu ba su san ba a kwancewa ba. A jihar Alabama ta Amurka a 1973 an ɗaure mahaifar wasu 'yan mata biyu baƙar fata, ya da ƙanwa, masu shekara 14 da 12. Mahaifiyarsu ba ta iya karatu ba, aka miƙa mata takarda ta yi alamar X tana zaton allura za a yi musu. Duk lokacin da na tuna wannan sai in tuna yawan dangwalen yatsa da ake karɓa a asibitocinmu a kan takardar Turanci. A Indiya, zamanin dokar ta-ɓaci ta 1975 zuwa 1977, miliyoyin mutane aka yi wa aikin hana haihuwa, da yawa bisa tilas.

Wa ya tsaya wa matan Puerto Rico? Likita mace 'yar cikinsu, Helen Rodríguez-Trías, likitar yara. Ba ta ce a rufe sashen tsarin iyali ba. Ta haɗa kai da wasu mata suka kafa kwamitin yaƙi da ɗaure mahaifa ba da yarda ba, suka matsa har a ƙarshen shekarun 1970 gwamnatin Amurka ta kafa ƙa'ida: a yi wa mace bayani da harshen da take ji, ta sa hannu da kanta, a jira kwana 30 kafin a yi aikin, kuma ba a karɓar yardarta tana cikin naƙuda. A wajena ita da Aletta aiki ɗaya suka yi. Ɗaya ta tsaya wa matar da ke so aka hana ta, ɗaya ta tsaya wa wadda ba ta so aka yi mata.

Mu ma muna da namu tabon. A 1996, lokacin annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer ya gwada maganin Trovan a Kano a wani gwaji da ya ƙunshi yara 200, 11 suka rasu, aka yi ta shari'a har aka sasanta da gwamnatin jihar a 2009 a kan dala miliyan 75. Da aka zo 2003 aka ce ɗigon foliyo na ɗauke da maganin hana haihuwa, mutane suka yarda, Kano ta dakatar da rigakafin har zuwa tsakiyar 2004. Zargin bai tabbata ba, yara kuma suka shanye a banza. Amma wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Baƙon da ya zo da jaka da takardar yarjejeniya ba zai iya cire wannan tsoro ba. 'Yar gari da aka san gidansu, aka san mijinta, aka ga 'ya'yanta a Islamiyya, ita za ta iya, muddin ta fara da cewa: e, an yi waɗannan abubuwa, ga yadda aka yi, ga kuma abin da ba zan bari a yi miki ba.

A kan addini ba zan yi muku fatawa ba, ba fagena ba ne. Sai dai ku daina jin kamar kun shigo da baƙon abu. Hadisin Jabir yana cikin Bukhari da Muslim, cewa sahabbai suna yin azalu, wato zubar da maniyyi a waje, alhali Alƙur'ani yana sauka. Suratul Baƙara ta ambaci shayarwa shekara biyu cikakku, Hukumar Lafiya ta Duniya kuma tana ba da shawarar a jira aƙalla wata 24 bayan haihuwa kafin a nemi wani cikin. Majalisar fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta zauna a Kuwait a Disambar 1988 ta yanke cewa hukuma ba ta da ikon yi wa ma'aurata dokar iyakance 'ya'ya, kashe haihuwa gaba ɗaya haramun ne sai da larura, amma jinkirtawa na wani lokaci da shawarar juna ya halatta. A wannan shekarar ce gwamnatin soja a nan ta fito da manufar 'ya'ya huɗu ga kowace mace, wadda ba abin da ta haifar a Arewa sai ƙarin zargi. Kakanninmu ma ba su jira kowa ba. Mace na tafiya wankan gida ta daɗe, ana gudun kwanika, ana yi wa mai rurrutsa gori. Sun san haihuwar guzuma, ɗa kwance uwa kwance. Zama ne ya canza, gidan haya ɗaki ɗaya, amarya ta dawo da arba'in, dabarar da ta tafi, ba a maye gurbinta da komai ba.

Abin da ya fi korar mata daga sashen tsarin iyali, a iya abin da na gani, jini ne. Ana yi wa mace allurar wata uku ko a sa mata ashana, a ce mata ba komai, sai ta koma gida jini ya rikice. Yau ɗigo, gobe tsarki, jibi ya dawo. Ga matar da ke salla wannan ba ƙaramin abu ba ne. Ba ta san ko ta yi salla ko ta bari ba, azumi ya zo tana cikin kokwanto, miji ya fara tsaki, kishiya ta samu abin faɗa. In ta dawo asibiti aka ce mata "zai daidaita, je ki," to an rasa ta, an kuma rasa duk matan layinsu, don a gidan suna za ta ba da labari. Me zai hana ku zauna da malamai mata na Islamiyyu ku fitar da bayani guda, likita ta faɗi abin da sinadarin ke yi wa bangon mahaifa, malama ta faɗi hukuncin jinin ciwo da na haila a mazhabar da mutanenmu ke bi? Ku gaya wa mace tun kafin allura ta shiga cewa jini na iya rikicewa ko ya ɗauke, cewa bayan daina allurar wata uku ciki na iya jinkiri har kusan shekara, cewa robar mahaifa mai jan ƙarfe na iya ƙara yawan jinin al'ada a farko. Wadda aka gaya wa gaskiya ta zaɓa tana jurewa. Ku kuma gaya mata iyakar shayarwa: tana karewa ne in jariri bai kai wata shida ba, nono zalla yake sha dare da rana, al'ada kuma ba ta dawo ba. Da yawa sun yi ciki suna cewa "ai ina goyo."

Sai cirewa. Na sha ganin inda sanya ashana kyauta ne, cirewa kuma sai an biya, ko a ce mai cirewa ba ta zo ba, ko a ce ai ta shekara uku ce ko biyar, ki bari ta cika. Na ga hannun da aka tsaga da reza a shagon kemis saboda haka. Duk wajen da ake sanyawa a kuma iya cirewa, ranar da mace ta ce a cire, ba tare da an tsare ta da tambaya ba. Kuma ina roƙonku ku yi tsayin daka a kan masu ba da tallafi da ke auna nasara da yawan ashanar da aka sanya a wata. Da zarar an ɗora wa ma'aikaciya adadi, ta daina sauraro.

Haka ɗaure mahaifa a lokacin tiyatar haihuwa. Na san akwai halin da rai ke hannun Allah, mahaifa ta fashe, ba lokacin shawara. Ban da wannan, bai kamata miji ya sa hannu a baranda ba, matar ta farka ba ta sani ba, sai bayan shekara uku tana yawon neman maganin haihuwa wani ya duba fayil ya gaya mata. A yi maganar tun a wajen awo, da Hausa, tana cikin hayyacinta.

Mazajen kuma ba duka ne abokan gaba ba. Da yawansu ba wanda ya taɓa zaunar da su. A jihar Damagaram ta Nijar an fara abin da ake kira makarantar mazaje, inda magidanta ke zama su tattauna lafiyar matansu da ma'aikatan asibiti, daga baya ta bazu zuwa wasu jihohin ƙasar. Mu nan ko wannan ba mu kai ba, amma akwai abin da kowace likita za ta iya yi gobe. Kun san ciwon zuciyar bayan haihuwa da ya yi yawa a ƙasar Hausa, wanda likitocin Zariya suka rubuta a kansa tun shekarun 1970. Kun san abin da wani cikin zai yi wa matar da zuciyarta ba ta warware ba, ko wadda aka yi wa tiyata wata shida da suka wuce, ko wadda aka gyara wa yoyon fitsari. Kada ku ba ta saƙo ta kai gida. Ba za ta iya faɗa ba, in ta faɗa ma za a ce ita ta ƙirƙira. Ku sa a kira shi. Ku ba shi kujera, ku ce masa: "Malam, ga hoton zuciyar maiɗakinka." Na ga mazan da suka shigo da faɗa suka fita suna tambaya wace hanya ce ta fi sauƙi. Wadda kuma ta zo a ɓoye ta roƙi a rufa mata asiri, wannan amana ce tsakaninta da ku, kuma ku ja kunnen ma'aikatan da ke kai labarin asibiti unguwa.

Batun kuɗi a taƙaice. Tun 2011 gwamnatin tarayya ta ce kayan tsarin iyali kyauta ne a asibitocinta, amma mace na biyan kati da safar hannu da auduga, kayan kuma kaso mai yawa da kuɗin baƙi ake sayensu. Da aka rushe USAID, hukumar ba da tallafi ta Amurka, a 2025 kowa ya ga inda rufin ke yoyo. Ku je majalisun jihohi lokacin kare kasafi, da fararen rigunanku, ku nemi a ware kuɗin a kuma sake su. Muddin baƙo ne ke sayen maganin, mai zargi zai ci gaba da tambaya me ya sa ya damu da mu haka.

Kuna da uwa a wannan aiki a nan gida. Dakta Elizabeth Abimbola Awoliyi, mace 'yar ƙasa ta farko da ta yi aikin likita a Najeriya, ta kammala karatu a Dublin a 1938, ta shugabanci asibitin haihuwa na titin Massey a Legas, ta kuma shugabanci Majalisar Ƙungiyoyin Mata ta Ƙasa daga 1964 har rasuwarta a 1971. Ita ce likitar da ke ba da shawara a asibitin tsarin iyali na wannan majalisa, wanda daga baya ya zama ƙungiyar tsarin iyali ta Najeriya, PPFN. Matan Najeriya ne suka fara, da likitarsu a gaba. Ya kamata ɗalibanku na Kano da Zariya da Sakkwato da Maiduguri su san sunanta, su san na Aletta da na Helen, su kuma san labarin Puerto Rico kafin su rubuta wa kowa ƙwaya ɗaya.

Roƙona na kusa shi ne rediyo. Kowace jiha tana da gidan rediyon da mata ke saurare suna aikin gida. Kowane reshe naku ya nemi fili na mako-mako, likita ta zauna da malama da ungozoma, a buɗe layin waya, a bar mata su yi tambaya ba sai sun faɗi suna ba, a amsa ko da tambayar ta zargi ce. Kada a sa tambarin wata ƙungiyar waje a kan shirin, ko da kuwa za ku yi karo-karo ne ku biya kuɗin filin. In kuna buƙatar wadda za ta zauna a kujerar ungozoma, mu da muka ajiye aiki muna da yawa, kuma yawancinmu safiya a gida take same mu.

Allah ya ƙara muku lafiya da haƙuri, ya sauki masu ciki lafiya.

Wassalam.

Taku,
Wata tsohuwar ungozomar asibiti